Me ya sa Marwa ce babban birnin jiha, alhali kuɗi na yawo a Kuseri?

Wani matashin ɗan kasuwa daga Kuseri, garin Kamaru da ke bakin iyakar Chadi, ya aiko da tambaya. Ya ce: "Malam, kai da ka daɗe kana koyar da labarin ƙasa, ka warware mini wannan. Garinmu ba ya barci, manyan motoci na kwana a layi suna jiran tsallaka gadar Ngeli zuwa Njamena, amma duk takardar da ta fi ƙarfin perfe, shugaban gundumarmu, sai mun kai ta Marwa. Wai mene ne bambancin babban birnin jiha da sauran manyan garuruwa? Yawan jama'a ne, ko arziki, ko kuwa gata ne kawai?"

Ɗana, Allah ya yi maka albarka, tambayarka ta yi. Gajeriyar amsa ita ce: babban birnin jiha shi ne garin da hukuma ta ajiye sa hannunta da hatiminta. Doka ce ke naɗa shi, kuma da takarda guda ake iya yin haka a wuni ɗaya. Garin kasuwa kuwa hanya ce ke haifar da shi, ko kogi, ko iyaka, kuma babu shugaban da zai sa hannu yau ya wayi gari da irin cinikin Kuseri gobe. Wani lokaci abubuwan biyu kan haɗu a gari ɗaya, wani lokaci su rabu. Naku garin yana cikin waɗanda suka rabu.

Bari in fara kawar da batun yawan jama'a. A ƙidayar 2005, Marwa na da mutum dubu 201 da 'yan kai, Garwa kusan dubu 236, Ngaundere kusan dubu 153, Kuseri kuma wajen dubu 89. Za ka ce to ai shi ke nan, Marwa ta fi yawa. Amma dubi kudu. A ƙidayar nan, Buea, babban birnin jihar Kudu Maso Yamma, dubu 90 ne, kusan kai ɗaya da Kuseri, alhali Kumba da ke ƙarƙashinta ta haura dubu 144. Bertuwa, babban birnin jihar Gabas, ba ta kai Kuseri ba da ɗan kaɗan, Ebolowa ta jihar Kudu kuma ba ta ko kusa. Ashe da ƙidaya ce ke naɗa babban birni, da taswirar Kamaru ba haka take ba.

Abin da ke Marwa wanda babu shi a Kuseri shi ne matakin sama na tsanin mulki. Ƙasarmu na da jihohi 10, gundumomi 58, da ƙananan gundumomi 360. Gwamna na kan jiha, perfe na kan gunduma, su-perfe na kan ƙaramar gunduma. Kuseri mazaunin perfen Logon da Shari ce, ita ma babban gari ce a matakinta, mutanen Makari da Gulfe da Fotokol wurinku suke zuwa. Amma inda gwamna ya zauna, nan kowace ma'aikata ta Yawunde ke ajiye babban wakilinta: na ilimi, na lafiya, na noma, na kiwo, na ayyuka, na filaye. Nan ne kotun ɗaukaka ƙara take. Nan babban baitulmalin jiha yake, da asibitin jiha, da gidan rediyon gwamnati na jiha, da manyan kwamandojin jandarma da 'yan sanda. Daga baya jami'a kan biyo: ta Ngaundere ta zama cikakkiyar jami'a a 1993, ta Marwa an kafa ta a 2008, ta Garwa a 2022. Ka lura, duka ukun a manyan biranen jiha aka dasa su. Kowane ɗaya daga waɗannan ofisoshi yana jawo ma'aikata, ma'aikata na jawo iyali, iyali na neman gidan haya da makaranta da tela da mai nama. Da haka takarda ke zama gari.

Ita kanta Marwa ba ta daɗe da samun wannan matsayi ba. Har zuwa 1983, arewacin Kamaru kaf lardi ɗaya ne, tun daga tudun Adamawa har bakin tafkin Chadi, kuma Garwa ce babban birninsa. Garwa ta samu wannan tun zamanin Jamusawa, waɗanda suka mai da ita mazaunin mulkinsu na Adamawa saboda kogin Binuwai, da yake a watannin damina jiragen ruwa kan hauro daga Najeriya har tasharta. Sai kuma aka yi sa'a shugaban ƙasa na farko, Ahmadu Ahijo, ɗan Garwa ne, ya yi mulki daga 1960 zuwa 1982. Babban filin jirgin sama, tituna masu faɗi, hedkwatar kamfanin auduga Sodecoton, reshen babban bankin ƙasashen Afirka ta Tsakiya, duk a can suka taru. A watan Agusta na 1983, ƙasa da shekara da hawan Paul Biya, aka raba lardin uku: Adamawa da Ngaundere, Arewa da Garwa, Arewa Mai Nisa da Marwa. Kowa ya san akwai siyasa a ciki, don lokacin ne dangantaka ta yi tsami tsakanin sabon shugaba da tsohon, kuma raba arewa ya rage wa Garwa nauyi. Amma akwai gaskiyar mulki ma a ciki: mutumin Kuseri kafin 1983 sai ya wuce Marwa ya ƙara wajen kilomita 200 kafin ya ga ofishin gwamna. Tambayi dattawan unguwarku, za su ba ka labarin wannan tafiya.

To me ya sa da aka tashi rabawa aka zaɓi Marwa? Buɗe taswira ka gani. Gundumomin jihar shida ne, da manyan garuruwansu: Marwa, Mokolo, Mora, Kaele, Yagwa, da Kuseri. Biyar na farko a dunƙule suke ta kudu, Marwa na tsakiyarsu, akasarin hanyoyinsu ta cikinta suke bi. Kuseri ce ke can ƙuryar arewa, wajen kilomita 260 daga Marwa, ta Mora da Waza da Dabanga. Akasarin jama'ar jihar ma suna duwatsun Mandara da filayen Diyamare da bakin Logon ta kudu. Ga kuma tsohuwar masarautar lamiɗo a Marwa, ga kasuwarta, ga majema da dukawanta da suka yi suna tun da daɗewa, ga filin jirginta a Salak. Sannan gwamnatoci ba sa son ajiye baitulmali da kundin takardunsu a inda harsashin wata ƙasa zai iya kaiwa. Ku mutanen Kuseri kun fi kowa sanin haka: a yaƙin Njamena na 1980, da kuma na watan Fabrairun 2008, dubban mutane ne suka tsallako muku a 'yan kwanaki.

A nan akwai abin da ke ba ɗalibai mamaki idan na faɗa musu. Ita Njamena da kuke kallo a tsallaken ruwa, babban birnin ƙasa sukutum, a bakin iyaka take, kuma daga garinku aka haife ta. A Kuseri ne sojojin Faransa suka kashe Rabe, mayaƙin da ya mamaye Borno, ranar 22 ga Afrilu 1900, kwamandansu Lamy shi ma ya mutu a wannan yaƙi. Bayan 'yan makonni suka kafa sansani a ɗaya gaɓar kogin Shari suka sa masa Fort-Lamy, sunan da ya zauna har 1973 lokacin da Shugaba Tombalbaye ya mai da shi Njamena. Kuseri tsohon birni ne na Kotoko mai ganuwa da sarauta, wancan kuwa barikin soja ne. Yau barikin ya ninka tsohon birnin sau da yawa, don kawai a can ne aka ajiye mulki.

Yanzu ga inda nake so ka natsu, don shi ya shafi aljihunka. Kuɗin babban birnin jiha da kuɗin garin kasuwa ba hali ɗaya gare su ba. Na garin kasuwa kamar mayo Kaliyawo yake, kogin nan da ya ratsa Marwa: in ruwa ya zo sai ya cika har ya yi ambaliya, in ya janye sai yashi. Na babban birni kuwa rijiya ce, ba ta tumbatsa, amma kullum guga na fitowa da wani abu. Albashin malamai da ma'aikatan asibiti da sojoji da 'yan sanda na sauka ƙarshen kowane wata, ko an yi damina mai kyau ko ba a yi ba, ko naira ta tashi ko ta faɗi. Shi ya sa mai kanti a Marwa ya san kwanakin cinikinsa: daga ƙarshen wata zuwa makon farko kasuwa na ci, tsakiyar wata sai littafin bashi. Watan Satumba na masu littattafai da yadin makaranta ne. Kai kuwa a Kuseri kalandarka daban take: yaushe duwan, wato 'yan kwastan, suka sauya ƙa'ida, yaushe aka rufe gada, nawa buhun sukari ko siminti yake a Njamena yau, yaya hanyar Dabanga take bayan ruwa.

Mun ga duka fuskokin biyu da idonmu. Daga 2014, da rikicin Boko Haram ya tsananta, kasuwannin iyaka irin su Amcide da ke manne da Banki, da Fotokol da ke fuskantar Gamboru, suka mutu murus na wani lokaci. Mutanen da ke juya miliyoyi suka koma neman na abinci. Marwa ma ta sha nata, an kai mata hare-haren ƙunar baƙin wake a watan Yulin 2015, baƙi masu yawon buɗe ido suka ɗauke ƙafa, masu sana'ar fata suka ji jiki. Duk da haka albashi bai tsaya ba, kuma ƙungiyoyin agaji da suka zo saboda 'yan gudun hijira, ciki har da na sansanin Minawawo kusa da Mokolo, akasarinsu a Marwa suka kama ofisoshi da gidaje, don nan ne gwamna da wakilan ma'aikatu suke. Masifar da ta faɗa wa ƙauyukan iyaka, kuɗin maganinta a babban birni aka fi kashe shi. Wannan abu yana ci mini rai, amma haka tsarin yake tafiya a ko'ina.

Rijiyar ma tana iya ƙafewa. A 1993 gwamnati ta zaftare albashin ma'aikata sau biyu a shekara ɗaya, sannan a watan Janairun 1994 aka karya darajar sefa da rabi. Wanda ya zauna a Garwa ko Marwa a lokacin ya ga manyan ma'aikata sun koma noman masara a bayan gari, wasu suna haya da babur da dare. Masu gidajen haya da masu kantuna suka bi su ƙasa. Garuruwan iyaka a shekarun nan su ne suka riƙe mutane da yawa, da man fetur ɗin Najeriya da atamfa da kayan masarufi.

Har a fuskar gari za ka gane bambancin. Babban birnin jiha na da unguwar ofisoshi mai bishiyoyi da tituna a miƙe, da dandalin fareti inda ake taruwa ranar bikin ƙasa, 20 ga Mayu, da ranar matasa, 11 ga Fabrairu. Da yamma ta yi, wannan ɓangare sai ya yi tsit. Ma'aikatan da ke cikinsa daga kowace kusurwar ƙasa aka turo su, yau mutum yana Marwa, baɗi an mai da shi Bafusam, saboda haka da yawa ba sa gina gida, haya suke yi, kuma Faransanci ne harshen aikinsu. Garin kasuwa zuciyarsa tasha ce da rumbunan ajiya. Baƙinsa ba a turo su ba, su suka kawo kansu, kuma in ciniki ya karɓe su sai su auri 'yar gari su zauna. A Kuseri Larabcin Shuwa da Hausa da Fulatanci da Kotoko su ke sayar da kaya. A Marwa ana auna mutum da muƙaminsa da wanda ya sani a ofis, a Kuseri da yawan motocin da ke sauke masa kaya da kuma amanar da ake ba shi ba tare da takarda ba. Kakanninmu Hausawa da suka zo ƙasar nan da fataucin goro da fata da tufafi, hanya suka bi, shi ya sa za ka tarar da unguwar Hausawa a Ngaundere da Tibati da Banyo da Meiganga, har Briketeri a tsakiyar Yawunde, ko akwai gwamna a garin ko babu.

Tun da kana hulɗa da 'yan Najeriya, na san za ka ji suna cewa babban birnin jiha, ka ɗauka abu ɗaya ne da namu. Akwai tazara. Najeriya tarayya ce. Gwamnan Adamawa a Yola ko na Borno a Maiduguri zaɓensa ake yi, yana da majalisar dokoki, yana da kasafin kuɗinsa, kuma kowane wata jiharsa na karɓar kasonta daga asusun tarayya. Saboda haka duk garin da aka ba babban birni a can, an ba shi bakin famfon kuɗi. Da aka ƙirƙiro jihohin Yobe da Jigawa a 1991, Damaturu da Dutse ƙananan garuruwa ne, amma cikin 'yan shekaru suka cika da sakatariya da gidajen ma'aikata. Duk da haka har yau in ana maganar kasuwar shanu a Yobe, Potiskum ake nufi. A kudancinsu ma haka: Awka ce babban birnin Anambra amma kasuwa na Onica, Umuahia ce ta Abia amma masana'antu na Aba.

Mu kuwa tarayyarmu ta ƙare da ƙuri'ar raba gardama ta 20 ga Mayu 1972. Gwamnanmu shugaban ƙasa ne ke naɗa shi, wakilin Yawunde ne a wurinmu. A 2008 aka daina ce wa yankunan larduna, kuma sai a watan Disamban 2020 aka yi zaɓen farko na majalisun jihohi, kowace da kujeru 90: 70 na wakilan gundumomi, 20 na sarakunan gargajiya, kuma kansiloli da sarakuna ne suka zaɓe su, ba talakawa kai tsaye ba. Mataki ne mai kyau, ina fatan ya yi ƙarfi. Amma a yau manyan shawarwari, na hanyar Mora zuwa Kuseri ko na ɗaukar malamai, a Yawunde ake yanke su. Marwa da kake ganin ta fi ku gata, ita ma sau da yawa tasha ce da takarda ke yada zango kafin ta wuce kudu. Chadi ma haka take, har ta fi mu: larduna 23 ne, amma Njamena ta haɗa mulki da kasuwa da bankuna da manyan asibitoci, ta bar Mundu mai auduga da Abeshe mai tsohuwar sarautar Wadai a baya da nisa. Batun tarayya ya taso sosai a can kafin ƙuri'ar tsarin mulki ta Disamban 2023, aka tsaya kan ƙasa dunƙulalliya.

Tarihi ya nuna cewa mulki na iya ɗaukar kujerarsa ya tafi ya bar gari da mutanensa. Damagaram ce babban birnin Nijar har 1926 lokacin da Faransawa suka koma Yamai, ana danganta hakan da ƙarancin ruwa da kuma kusancinta da Kano da ke hannun Ingilishi. Turawan Ingila sun bar Zungeru sun koma Kaduna a 1917, ba su zaɓi Kano ko Zariya ba. A nan gida Jamusawa sun bar Duwala sun hau Buea a 1901 saboda sanyin dutse, Faransawa kuma suka zaɓi Yawunde, amma tashar jiragen ruwa ba ta bi su ba, har gobe Duwala ce ke ciyar da ƙasa. Najeriya ta koma Abuja a 1991, Legas ba ta ragu da komai ba. A Amurka ma da gangan jihohi da dama suka raba mulki da kasuwa: babban birnin jihar New York shi ne Albany, na Kalifoniya Sacramento, na Illinois Springfield, ba Chicago ba. Sun so garin da ke tsakiya wanda manomi zai iya isa a kan doki, kuma sun ji tsoron attajiran babban gari su mallake majalisa. Abin lura shi ne, garin da dama can yana da hanyarsa ta ciniki, tafiyar mulki ba ta kashe shi. Wanda mulki kaɗai ya riƙe, irin Zungeru, shi ne ke komawa ƙaramin gari.

Wanda ya fi kowa sa'a shi ne garin da ya haɗa biyun. Ngaundere ke nan: tun 1974 da layin dogo ya iso ta, kayan da ke zuwa Chadi daga Duwala a nan ake sauke su daga jirgi a ɗora wa manyan motoci, sannan 1983 ta kawo mata gwamna, 1993 ta kawo jami'a. Akasin haka kuma yana gundumar Mayo Rey, inda perfe ke zaune a Collire amma kowa ya san nauyin fadar lamiɗon Rey Buba, kuma kuɗin yankin na juyawa ne can wajen Tuboro da kasuwar Mbaimbum, kusa da inda iyakokin Kamaru da Chadi da Afirka ta Tsakiya suka haɗu. Gunduma ɗaya, ofis a wani gari, sarauta a wani, kasuwa a wani.

Ra'ayina, ɗana, kukanka na gaskiya ba na suna ba ne, na nisa ne. Mai ƙara da ya ɗaukaka shari'arsa, ko malamin makaranta da ke bin haƙƙinsa, ko mara lafiyar da aka tura babban asibiti, in zai bi hanyar Waza a damina, kuɗin mota da kwanakin da zai ɓata kan fi abin da ya je nema. Wannan shi ne abin da ya kamata 'yan majalisarku da kansiloli da ƙungiyoyin 'yan kasuwa su riƙa bugawa a kai: a gyara hanyar, kuma a sauko da sa hannu ƙasa. An taɓa yin irinsa. Kafin 2005 takardar mallakar fili sai ta je Yawunde, mutane na shekaru suna jira. Dokar watan Disamban wannan shekara ta sauko da bayar da ita zuwa ofishin filaye na gunduma. Ba a ce komai ya gyaru ba, amma ya nuna cewa aikin da ake ganin sai babban birni yana iya yiwuwa a garin perfe in an ba da izini da ma'aikata. Gari mai duwan irin na Kuseri, wanda ke tara wa baitulmalin ƙasa kuɗi kullum, yana da bakin da zai nemi asibiti mai ƙwararrun likitoci, da reshen jami'a, da ofisoshin da za su gama takarda a nan take.

In kuma kana tunanin buɗe reshen shagonka a Marwa ne, ka tafi da kayan da mai albashi da ɗalibi ke saya, ka shirya wa bashin tsakiyar wata, ka kuma yi takardunka na haraji tsaf, don a garin gwamna masu bincike sun fi yawa kuma sun fi kusa. Jarin da ke juyawa da sauri ka bar shi a Kuseri.